Kafin kisan Landan, a karanta na Dankori

Ranar wata kasuwar Ibohaman wani abokin aikina mai koyar da tarihi ya tare ni da tambaya. Ya ce manyan ɗalibansa sun kamu da son labaran kisan kai na zamanin da, irin waɗanda ake saurare a salula, kuma kusan duk na ƙasar Ingila ne: wa ya kashe wa, wane ɗan sanda ya gano shi, yaya aka ƙare a gaban alƙali. Shi bai ga laifin abin ba. So yake ya bi ta wannan kwaɗayi nasu ya ja su zuwa ga takarda, shi ya sa yake neman sunayen littattafan da masana suka rubuta da hujja. Na ba shi amsa a tsaitsaye, rabi da rabi, saboda hayaniyar kasuwa. Ga cikon amsar nan, gare shi da sauran malamai da iyayen da ƴaƴansu suka kamu da irin wannan so.

In dai na Ingila ake so, littafi biyu sun isa a soma da su. Na farko shi ne The Suspicions of Mr Whicher na Kate Summerscale, wanda ya fito a 2008, kuma akwai shi da Faransanci da sunan L'Affaire de Road Hill House. A daren 29 ga Yuni 1860 aka ɗauke wani yaro ɗan shekara 3, Saville Kent, daga gadonsa a gidan ubansa a ƙauyen Road, da safe aka tsinci gawarsa a makewayi. Ɗan sandan ciki da aka turo daga Landan, Jonathan Whicher, ya ce ɓarawon na gida ne, ya nuna Constance, yayar yaron da suke uba ɗaya, mai shekara 16. Ya rasa hujjar da za ta gamsar da kotu, aka sake ta, jaridu suka yi masa ca. Sai a 1865 ta zo da ƙafarta ta amsa laifi. Ta yi shekara 20 a kurkuku, ta rasu a Ostareliya a 1944 tana da shekara 100. Uwar yaron kuwa da can mai kula da ƴaƴan uwargida ce a gidan, uban ya aure ta bayan rasuwar uwar su Constance. Bahaushe ba ya bukatar a yi masa tafsirin irin wannan gida.

Na biyu shi ne The Five na Hallie Rubenhold, 2019. Kowa ya ji labarin makashin unguwar Whitechapel na 1888, wanda ake kira Jack the Ripper, wanda har yau ba a tabbatar ko wane ne ba. An cika rumbu da littattafai a kansa. Ita wannan baiwar Allah sai ta juya masa baya, ta bi rayuwar mata biyar ɗin da ya kashe: Polly Nichols, Annie Chapman, Elizabeth Stride, Catherine Eddowes da Mary Jane Kelly. Ta nemo iyayensu da mazajensu da ƴaƴansu, da yadda talauci ya fitar da kowace daga ɗaki ya jefa ta titi. Tambayar da ta tayar ita ce ta sa nake ganin littafin ya cancanci hannun malami: a cikin labarin kisa, sunan wa aka riƙe, sunan wa aka bari ya ɓace?

To, da wannan tambaya nake so mu komo gida. Domin ƙarni na 19 bai rufe ba sai da aka yi, a kan hanyar da muke bi zuwa Ƙonni da Maraɗi da Damagaram, wani kisa da ya girgiza jaridun Turai, mai wasiƙar tona asiri, da mai bincike da ya bi sawu, da shaidu masu kare kansu, da fayil da aka rufe ba tare da an hukunta manya ba. Duk abin da yaranmu ke nema a Landan yana nan.

A 1898 gwamnatin Faransa ta naɗa Kyaftin Paul Voulet ya ja ayarin soja daga kogin Kwara zuwa Tafkin Chadi, inda zai haɗu da wasu ayari biyu, ɗaya daga Aljeriya ta hamada, ɗaya daga Kwango. Mataimakinsa Julien Chanoine ɗan janar ne, ubansa ma ya riƙe ministan yaƙi na ɗan lokaci a wannan shekara. Su biyun sun riga sun yi suna da ƙone-ƙone tun cin Wagadugu a 1896, kuma waɗanda suka zaɓe su sun san haka. Turawan ayarin ba su kai goma ba. Sauran sojojin Afirka ne, da ƴan dako da aka kamo da ƙarfi, da matan da aka yi ta tarawa a hanya, har taron ya kai kimanin mutum 2,000. Guzurin da aka ba su bai taka kara ya karya ba. Ma'anar wannan a fili take: abin da za su ci, da ruwan da za su sha, da wanda zai ɗaukar musu kaya, duk daga garuruwan kan hanya za su fito, ko da so ko babu.

Akwai wani abu da littattafan makaranta kan tsallake, alhali shi ya shafe mu kai tsaye. A ranar 14 ga Yuni 1898 Ingila da Faransa suka sa hannu a wata yarjejeniya a Paris. Aka kafa tsinin alƙalami a kan Sakkwato, aka zana baka mai nisan mil 100, wato kimanin kilomita 160, aka ce abin da ke ciki rabon Ingila ne. A wannan takarda Ƙonni ta Ingila ce, haka ma Madawa, mu kuma na wajen Keita muna can bayan layi, a rabon Faransa. Ba wanda ya tambayi Sarkin Musulmi, balle talakan Adar. Hanyar da aka bar wa Faransa ta arewa ba ta da rijiyoyin da za su shayar da taro irin na Voulet, sai ya keta layin ya bi ta kudu, ta cikin garuruwa masu rumbuna. Sai a 1904 da 1906 aka sake zanen iyakar, Ƙonni da Madawa suka faɗo ɓangaren da ya zama Nijar.

Tun a Janairu 1899, a Sansane Hausa da ke bakin kogi, aka kashe mutum 101 a rana guda, har da mata da yara. A ƙarshen watan Voulet ya kori ɗaya daga cikin hafsoshinsa, Laftanar Peteau, bayan saɓani ya shiga tsakaninsu. Peteau ya rubuta wa budurwarsa wasiƙa ya zayyana abin da ya gani. Wasiƙar ta bi hannu ta kai ga wani ɗan majalisa, Paul Vigné d'Octon, daga nan ta kai ga gwamnati. A Afrilu aka umarci Laftanar-Kanar Klobb, wanda ya riƙe Tumbuktu, ya bi ayarin ya bincika, in abin gaskiya ne ya karɓe jagoranci. Ya tashi da Laftanar Meynier da ƴan gomomin sojoji, ya yi tafiyar sama da kilomita 2,000 yana bin sawu.

Sawun bai yi wuyar bi ba. A 16 ga Afrilu ayarin ya faɗa wa Lugu, garin Sarauniya Mangu, inda Azna suka tsaya da baka da kibiya suka kashe masa soja 4, suka raunata 6. A 8 ga Mayu ya ci Birnin Ƙonni, ya mayar da babban gari kufai, kuma mutanen da suka hallaka a nan ba a taɓa ƙidaya su da suna ba. Klobb yana zuwa daga baya yana rubutawa a ɗan littafinsa na hanya: toka a inda gari yake, gawarwaki a rijiyoyi, masu ja-gora da aka rataye don sun ɓatar da hanya ko an zarge su da haka. A Koran Kalgo ya tarar da ƴan mata ƙanana a rataye a reshen itace.

Da ya matso, ya aika wa Voulet takarda. Voulet ya mayar da amsa cewa in ya ƙara taku zai sa a buɗe masa wuta. Ranar 14 ga Yuli 1899, ranar bikin ƙasar Faransa, suka yi arba a Dankori, kusa da Tasawa. Klobb ya hana mutanensa harbi, ya ci gaba a kan doki da kayan sarkinsa. Aka harbe shi ya mutu, Meynier ya ji rauni. An ruwaito cewa da yamma Voulet ya shaida wa sauran hafsoshi ya fita daga Faransanci, zai kafa daular kansa. Bai kwana uku ba. Sojojinsa na Afirka, waɗanda suka fahimci ba za su sake ganin gida ba in sun bi shi, suka juya. Suka harbe Chanoine a 16 ga wata, wani mai gadi ya harbe Voulet da safiyar 17. Kaburburansu suna Maijirgi.

Sai a lura da abin da ya biyo baya, don nan ne darasin tarihin yake da nama. Ayarin bai watse ba. Sauran hafsoshin suka ja shi suka ci Damagaram a ƙarshen Yulin nan, da hujjar ɗaukar fansar Kyaftin Cazemajou da aka kashe a Zinder a Mayu 1898, kuma kafin shekarar ta ƙare an kashe Sarki Amadu Kuran Daga. Joalland da Meynier suka ƙarasa Chadi, aka haɗu da sauran ayari biyun, aka kashe Rabe a Kusiri a 22 ga Afrilu 1900. Binciken da aka buɗe a Faransa aka rufe shi a 1902. Bayanin da aka fi yaɗawa shi ne zafin ranar Sudan ya taɓa ƙwaƙwalwar mutum biyu. Joalland da Meynier duk sun mutu suna janar. Ƙasar da aka ci da waɗannan hanyoyi kuwa ba a mayar wa kowa ko taki ɗaya ba.

Abin da ya mayar da wannan tafiya abin kunya a Paris jinin Klobb ne. Da ya tsaya a nesa ya rubuta rahoto ya koma, da wataƙila Ƙonni ta zama layi biyu a cikin wani kundi. Haka abin yake a ɓangaren Ingila ma. A Oktoba 1902 Magajin Keffi, Ɗan Yamusa, ya kashe Kyaftin Moloney ya gudu Kano, Sarki Alu ya karɓe shi, Lugard ya riƙe wannan a cikin hujjojinsa na cin Kano a Fabrairu 1903. Mai son wannan labari ya nemi Concerning Brave Captains na Muffett, 1964, wanda tsohon jami'in mulkin mallaka ne amma bai yi wa Lugard sassauci ba. Gawar Bature ɗaya takan buɗe fayil, ta tayar da runduna.

Yanzu ga littattafan, da yadda nake ganin a shige su.

Wanda ya fi sauƙin samu a Nijar shi ne Sarraounia na Abdoulaye Mamani, 1980, kuma shi zan fara miƙa wa ɗalibin ajin ƙarshe na kwaleji. Gajere ne, yana da zafi, yaro ba ya ajiye shi. Med Hondo ya mayar da shi fim a 1986, fim ɗin ya ci babbar kyautar FESPACO a 1987. Amma malam ya faɗa wa ɗalibansa tun farko cewa ƙagaggen labari ne da aka gina a kan abin da ya faru. A takardun Faransawa yaƙin Lugu ƴan layuka ne. Mamani, wanda ɗan gwagwarmayar Sawaba ne da ya sha gudun hijira da kurkuku, yana neman gwarzuwar da ƙasa za ta taru a bayanta, sai ya faɗaɗa, ya sa wa mutane magana a baki. Ya kuma zana sarakunan Musulmi da fuskar da wasu iyaye ba za su ji daɗinta ba. Ni ban ga dalilin ɓoye littafin saboda haka ba. Dama ce ta koya wa yaro ya raba abin da marubuci ya tarar da abin da ya ƙara, kuma wannan shi ne rabin aikin tarihi.

Bayansa sai shaidun gani da ido, kuma a nan ne ɗalibi mai son aikin ɗan sanda zai sami abin yi. Joalland ya buga Le Drame de Dankori a 1930. Littafin hanyar Klobb da bayanin Meynier sun fito a 1931 da sunan À la recherche de Voulet, an sake buga shi a 2001. A ajiye su gefe da gefe. Klobb yana rubutu da dare a zango, bai san zai mutu ba, ba ya kare kowa. Joalland yana rubutu bayan shekara 30, yana janar, kuma shi ne mai kula da igwar ayarin, yana cikin tafiyar tun daga kogi har Tasawa. Duk inda ya ce bai gani ba, ko ba ya nan, ko ya ƙi a zuciyarsa, sai a tambayi ɗalibai: mai wannan matsayi, me zai so mu gaskata? Na fi son aji ya yi sa'a guda yana gardama a kan shafi ɗaya na Joalland da ya haddace ranaku goma.

Ga malamin da ke son ƙasa mai ƙarfi a ƙarƙashin ƙafarsa, akwai La Mission Afrique centrale na Muriel Mathieu, 1995, wanda aka gina a kan takardun ajiyar gwamnati. Ba shi da daɗin karatu kamar labari, amma in gardama ta tashi a kan rana ko adadi, can ake komawa. Le Grand Capitaine na Jacques-Francis Rolland, 1976, ya fi shi gudu a baki, sai dai idonsa na kan Voulet, kamar yadda idon marubutan Whitechapel yake kan makashi. Mai jin Ingilishi ya nemi The Killer Trail na Bertrand Taithe, 2009. A ganina shi ya fi kowa amsa tambayar da ta dace, wato ko hauka ce ta mutum biyu ko kuwa tsarin ne ya haifi abin. Ya nuna yadda ayari marar guzuri, mai biyan sojojinsa da ganima da bayi, ba shi da wata hanyar tafiya sai wadda ya bi, kuma irin wannan yaƙi an saba yin sa a Sudan ta Faransa kafin Voulet. Wani abin mamaki, a watannin nan na farkon 1899 da ayarin ke ƙone garuruwa, wata mujalla a Birtaniya tana buga Heart of Darkness na Joseph Conrad kashi-kashi, labarin Baturen da ya shiga Afirka ya naɗa kansa sarki. Wannan daidaituwa ce Rob Lemkin da Femi Nylander suka bi a fim ɗinsu African Apocalypse na 2020, inda suka bi babbar hanyar kwalta suna sauraron jikokin waɗanda abin ya faɗa wa. Fim ɗin yana da hotuna masu tayar da hankali, uba ya fara kallonsa shi kaɗai kafin ya zaunar da yara.

Wannan gargaɗi ya hau kan littattafan ma. Shafukan Klobb ba na ɗan firamare ba ne. Yaron da bai kai shekara 15 ba, a ba shi labarin da baki, a tsaya a kan Lugu da Dankori, a bar rijiyoyin sai ya ƙara hankali.

Duk waɗannan littattafai, in aka cire na Mamani, daga takardun Nasara suka sha ruwa, kuma takardun nan sun san sunan kowane Bature har da ranar haihuwarsa. Rubenhold ta iya nemo matan Whitechapel saboda Landan tana da rajistar aure da ta gidajen gajiyayyu da ta kotu. Ƴan matan Koran Kalgo ba su da rajista. In sunansu ya saura, yana bakin tsofaffi, ko a kirarin zuriya, ko a sunan wata rijiya da aka daina sha. Djibo Hamani ya nuna ana iya wannan aiki: littafinsa a kan Adar kafin zuwan Nasara, wanda ya fito a 1975, ya jingina sosai a kan abin da ya ji daga bakin dattawan ƙasar nan, ya auna shi da rubuce-rubuce. Kowane malamin tarihi a Keita da Buza da Madawa ya kamata ya taɓa riƙe shi.

Babbar hanyar Voulet ta bi ta kudu da mu, amma zuwan Nasara bai tsallake Adar ba. Shekara biyu bayan Dankori, a 1901, sojojin Faransa suka gwabza da Kel Geres a Galma, nan ƙasar Madawa. Tsohon da ke da shekara 80 a yau, an haife shi wajen 1945, ya zauna a gaban kakannin da suka ga waɗannan shekaru da idonsu. Bayan su babu sauran wanda ya ji daga bakin mai gani. Shawarar da na ba abokina ita ce, kafin hutu ya raba wa ɗalibansa tambayoyi ƙalilan su kai gida: da Nasara suka zo, ina mutanen garinmu suka gudu, wa ya mutu, wa aka kama dako bai komo ba, wa ya faɗa maka. A rubuta sunan mai ba da labari da na wanda ya ba shi, kamar yadda malaman hadisi suke yi. In labari biyu sun saɓa, a rubuta duka biyun, kada ɗalibi ya gyara don ya yi daɗi. Iyaye kuma su taimaka, don tsoho ba ya buɗe irin wannan magana ga yaro sai babba ya zauna a wurin.

Ya ce zai gwada da aji ɗaya. Ya kuma tambaye ni ko kaburburan Maijirgi na nan har yanzu. Suna nan, kuma daga Madawa tafiyar ba ta cin yini guda a mota. Ana ba da labarin cewa a 1923 wani jami'in Faransa a Tasawa, Robert Delavignette, ya sa an tone su ya tarar babu kowa a ciki. Na ce masa ya ajiye wannan sai ranar ƙarshe ta darasin, ya bar ɗaliban su nemo wa ya fara faɗin haka, kuma a wace takarda.